Farashin Numfashi

Shekara ashirin da bakwai ina awon abin da ba ya cika mudu.
A Katako ana auna ƙusa, ana auna fenti,
ni iskar Yamai nake ɗorawa a sikeli.

Ran da na koma Tawa da takardar digiri
kawu Ba'u ya ce, "To, malamin tattali,
wace banki ce ta ɗauke ka?"
Na ce hayaƙi zan bi.
Ya dube ni, ya dubi murhu,
ya ce, "A nan kam, uwarka ta fi ka karatu."

Bai yi ƙarya ba.
Inna Tsahara, shekara talatin bakin tasha,
ƙosai a tanda, ɗanyen icen sabara a ƙasa,
ido jawur tun kafin kiran assalatu.
Tarin da muka ɗauka gadon gida ne,
ashe haya take biyan murhu.

Na'urata ba ta wuce kwalin sukari ba.
Ina rataye ta a bakin gadar Harobanda,
in sa mata takarda fara kamar ƙwan tattabara,
da magariba in ciro bayan tukunya.
Tsofaffin taksi da Turai ta sallama,
juji mai cin wuta a Bukoki,
tayar da ake babbake kan sa da ita,
duk sun sa hannu a takardar nan
ba tare da sun iya rubutu ba.

Sai in zauna in mai da baƙin lamba:
kwanakin da tela bai taka keke ba,
kuɗin maganin tarin jinjiri,
gadon asibiti, jika nawa a dare.
Na tara, na ninka, na raba bisa kawunan gari.

Shafi ɗari da arba'in na kai ma'aikata.
Ɗaki mai sanyi, ruwan gora, tafi raf-raf.
Aka ce, "Za mu duba."
Bayan damina biyu, a Wadata,
mai tsire ya naɗe mini nama a shafi na sittin da uku.
Na gane jadawalina ta cikin maiƙo.
Na ci. Da yaji ma.

A shafin nan ne na nemi a sa haraji
kan duk injin da ke tuƙa baƙin hayaƙi.
Illa mai kabu-kabu, da na yi masa bayani a hanya,
bai ko waiwayo ba:
"Malam, tari sai baɗi yake kisa.
Yunwa da la'asar take zuwa."
Na sauka ban da amsa.
Duk littafin da na karanta
babu wanda ya goya ni a baya ya faɗa mini haka.
Wata shida ina warware abin da na saƙa.

Abin da na ci a aikin nan bai taka kara ya karya ba.
Mata arba'in a Talaje sun karɓi tukunyar gas bashi,
talatin da ɗaya sun biya.
Ɗaya, Gaisuwa mai waina, ta riƙe hannun rigata
ta ce, "Yanzu in na yi hawaye,
na san dalili."
Na duba jadawali sama da ƙasa,
ban ga gurbin da zan rubuta wannan ba.

Jiya a aji wata ɗaliba ta ɗaga hannu:
"Malam, to ran mutum nawa ne?"
Akwai lissafinsa, na koya musu,
alli bai yi gardama ba.
Amma a tsohon kundina, layi na farko,
inda na rubuta sunan Inna,
har yau gefen dama fari ne.

Gwiwa ta fara ƙin tsani.
Gobe dai da asuba zan hau,
kogi na tafiya a ƙasa, gari na tari a sama,
in cire baƙar takarda,
in sa fara.